DAWN PORTER: Lauyar da ta bar kotu ta rungumi kyamara

Fim ɗin ta na farko ya fallasa irin wuyar da talaka ke sha a kotunan Amurka, ya kuma ciyo kambu a bikin Sundance

A DUNIYAR fim, kowa da ƙofar da ya shigo ta cikin ta. Wani daga dandalin wasan daɓe ya taso, wani daga shagon sayar da kaset, wani kuwa jakar darakta ya yi ta ɗauka a lokeshin har Allah ya ɗaga shi. Amma a ce mutum ya gama karatun lauya, ya samu aiki a ƙaton ofis, albashi na shigowa duk wata, sannan ya tattara ya koma bin mutane da kyamara, to wannan sai mai ƙarfin hali. Abin da Dawn Porter ta yi kenan, wata Ba'amurkiya baƙar fata wadda a yau sunan ta ke sahun gaba a cikin daraktocin finafinan dokumentari na ƙasar Amurka.

Ga wanda bai saba da kalmar ba, dokumentari shi ne fim na gaskiya. Babu jarumi, babu jaruma, babu rawa da waƙa, babu wanda a ke ba takarda ya haddace. Mutanen da a ke gani a ciki rayuwar su ta haƙiƙa su ke yi, in an ga hawaye to na gaske ne, in alƙali ya ce shekara goma to shekara goman mutum zai yi. Darakta ba shi da ikon cewa "a sake". Da yawa daga cikin 'yan kallo na ɗaukar irin wannan fim a matsayin abin sa barci, to amma duk wanda ya zauna ya kalli 'Gideon's Army', fim ɗin farko da Dawn ta bada umarni, zai sauya ra'ayi tun kafin a kai rabi.

DAGA OFISHIN LAUYOYI ZUWA GIDAN TALBIJIN

Dawn ta yi digirin ta na farko a kwalejin Swarthmore, sannan ta karanci aikin lauya a Jami'ar Georgetown da ke birnin Washinton. Da ta gama sai ta kama aiki da kamfanin lauyoyi na BakerHostetler, inda ta shafe kusan shekara biyar ta na fama da takardun ƙara. Daga can ta koma gidan talbijin na ABC, inda ta kai matsayin daraktar sashen kula da ƙa'idojin aikin jarida.

Wannan aiki na ABC shi ne ya zame mata makarantar fim ba tare da ta shirya ba. Aikin ta shi ne ta duba rahoto kafin a watsa shi: shin abin da a ka faɗa gaskiya ne? Shin an yi wa wanda a ke magana a kan sa adalci? Don haka sai ta kalli ɗanyen hoton da a ka ɗauko, ta kuma kalli yadda edita ya yanka shi ya haɗa. A nan ta ga yadda cire jimla ɗaya daga bakin mutum kan mai da shi mugu ko mutumin kirki a idon 'yan kallo. Bayan ABC ta koma tashar A&E a matsayin mataimakiyar shugaba mai kula da irin wannan sashe. Ta kuma fara tsoma ƙafa a harkar shirya fim, domin sunan ta ya fito a jerin manyan furodusoshin 'Serious Moonlight' na 2009, wanda jaruma Meg Ryan ta ja.

Sai dai duk wannan aikin wasu ta ke gyarawa. Nata na kan ta bai zo ba sai da ta haɗu da wani lauya mai suna Jonathan Rapping, wanda a 2007 ya kafa cibiyar horar da matasan lauyoyin da ke kare talakawa a jihohin kudancin Amurka. Rapping ya gayyace ta wani taron horaswa da su ka yi a birnin Birmingham na Jihar Alabama. Abin da ta gani a wurin ya tsaya mata a rai: matasa ne masu ilimi, waɗanda da sun so da sun tafi inda a ke biyan kuɗi masu kauri, amma su ka zaɓi tsaya wa mutanen da kowa ke gudu. Ita kan ta lauya ce, amma irin wannan ɓangare na aikin baƙo ne a wurin ta. Daga nan ta ƙudurta sai duniya ta ga waɗannan mutane.

WANE NE GIDEON?

Kafin a fahimci fim ɗin, sai an san mutumin da a ka ara sunan sa. Labarin sa kaɗai ma fim ne guda.

A watan Yuni na 1961 a ka fasa wani gidan wasan sinuka a garin Panama City na Jihar Fulorida, a ka kwashe 'yan silalla da abin sha. 'Yan sanda su ka cafke wani talaka mai suna Clarence Earl Gideon, wanda bai yi nisa a karatu ba, kuma ya sha shiga gidan yari a baya. Da a ka gurfanar da shi sai ya roƙi kotu ta ba shi lauya tunda ba shi da ko sisi. Alƙali ya ce dokar jihar ba ta yarda a ba mutum lauya kyauta ba sai in laifin sa na hukuncin kisa ne. Haka Gideon ya tsaya ya kare kan sa da kan sa, ya na tambayar shaidu iya abin da ya sani. A ka ɗaure shi shekara 5.

Wani da sai ya rungumi ƙaddara. Shi kuwa gogan naka sai ya shiga ɗakin karatu na gidan yarin ya na bincike, ya ɗauki fensir ya rubuta ƙorafi da hannun sa, ya aika wa Kotun Ƙolin Amurka. Abin mamaki, kotun ta karɓa, har ta naɗa masa babban lauya Abe Fortas, wanda daga baya shi ma ya zama alƙalin Kotun Ƙolin. A ranar 18 ga Maris, 1963, alƙalan kotun su tara su ka yi ittifaƙi cewa duk wanda a ke tuhuma da babban laifi, in ba shi da halin ɗaukar lauya, wajibi ne gwamnatin jiha ta ba shi. A watan Agusta na shekarar a ka sake shari'ar Gideon, wannan karon da lauya a gefen sa. Cikin kusan awa ɗaya masu taya alƙali yanke hukunci su ka dawo su ka ce ba shi da laifi. Kotun ɗaya ce, tuhumar ɗaya ce, lauya ne kawai ya ƙaru.

Wannan hukunci ya sa a ka saki fursunoni kusan 2,000 a Fulorida kaɗai, kuma shi ya buɗe ƙofar kafa ofisoshin lauyoyin talakawa a faɗin ƙasar. A 1980 an yi fim ɗin talbijin a kan labarin, mai suna 'Gideon's Trumpet', inda tsohon jarumi Henry Fonda ya fito a matsayin Gideon.

To amma alƙawari daban, cikawa daban. Shekara 50 bayan hukuncin, Amurka ta zama ƙasar da ta fi kowace yawan fursunoni a lokacin, sama da mutum miliyan 2 a tsare. Kusan kashi 80 cikin ɗari na waɗanda a ke tuhuma da manyan laifuka ba su iya ɗaukar lauya da kuɗin su. Lauyoyin da gwamnati ta tanada kuwa sun yi kaɗan, albashin su bai taka kara ya karya ba, ga fayil-fayil sun yi masu katutu. Tambayar da Dawn ta ɗauko kenan: in an ba ka lauyan da ba shi da lokacin ko karanta takardar ka, shin an ba ka lauya kuwa?

SOJOJI UKU

'Gideon's Army', wato rundunar Gideon, ya bi rayuwar matasan lauyoyi uku ne, dukkan su baƙaƙen fata: Travis Williams da Brandy Alexander a Jihar Jojiya, sai June Hardwick a birnin Jackson na Jihar Misisifi. Kowanne na riƙe da shari'o'i sama da ɗari a lokaci guda, ga bashin kuɗin makaranta a wuyan su.

Travis shi ne wanda 'yan kallo ba su mantawa da shi. Mutum ne mai zafin nama da kaifin baki, wanda ya kama gida dab da ofis don kada tafiya ta ci masa lokacin aiki. In ya ci shari'a, sai ya sa takardar hukuncin a firam ya rataye a bango. In kuwa a ka kada shi a ka ɗaure wanda ya ke karewa, sai ya je a zana masa sunan mutumin a gadon bayan sa, da irin zanen nan na tatu da ba ya goguwa. Wato duk inda ya shiga ya na ɗauke da su. Kai, ko marubucin fim ne ya ƙago wannan sai a ce ya cika gishiri!

Brandy kuma ita ce zuciyar fim ɗin. A wani wuri ta bada labarin wani da ta ke karewa, wanda ta yi ta wahala a kan shari'ar sa, ashe ya na can ya na faɗa wa mutane zai hallaka ta in a ka ɗaure shi. Duk da haka ba ta ajiye aikin ba a lokacin. Fim ɗin ya kai ƙololuwa ne a shari'ar wani yaro matashi da a ke tuhuma da fashi da makami. A dokar Jojiya, mafi ƙarancin hukuncin wannan laifi shekara 10 ne, kuma alƙali ba shi da ikon ragewa ko da ya tausaya. Kyamara na cikin kotun lokacin da Brandy ta miƙe ta na warware shaidar masu gabatar da ƙara ɗaya bayan ɗaya, uwar yaron na zaune zuciya a hannu. Da a ka karanto cewa ba shi da laifi, ai sai kuka. Babu kiɗan da zai iya ƙara wa wannan fitowa armashi.

Shi kuwa Travis, yaron da ya ke karewa a irin wannan tuhuma bai samu wannan sa'ar ba. A ƙarshe amsa laifi ya yi a ka rage masa shekaru. A nan ne fim ɗin ya nuna wani abu da finafinan Hollywood ba su cika nunawa ba: sama da kashi 90 cikin ɗari na hukuncin laifuka a Amurka ba a zaman shari'a a ke samun su ba, ciniki a ke yi. Mai gabatar da ƙara zai ce, amsa laifi ka yi shekara kaza, ko ka ja a yi shari'a, in ka faɗi ka yi ninkin ta. Talakan da ya kasa biyan beli, ya na tsare wata da watanni, aiki ya tafi, haya ta ƙare, me ka ke jin zai zaɓa? Da yawa su kan amsa don kawai su san ranar fitar su.

June Hardwick, wadda ke renon ɗan ta ga kuma aiki, ita ce ta nuna ɗaya fuskar. Kafin fim ɗin ya ƙare ta bar ofis ɗin. Dawn ba ta nuna ta a matsayin wadda ta gaza ba. Ta bar mai kallo ya ga lissafin da kan sa, ya ga dalilin da ya sa lauyoyi masu hazaƙa ba su daɗewa a wannan aiki.

INDA LAUYANCI YA YI RANA

Sama da shekara uku Dawn ta kwashe ta na wannan aiki ƙarƙashin kamfanin ta, Trilogy Films, da tallafin Gidauniyar Ford, kafin tashar HBO ta shigo ciki. Duk wanda ya san harkar fim ya san shiga kotu ko gidan yari da kyamara ba wasa ba ne. Sai alƙali ya yarda, sai wanda a ke tuhuma ya yarda, sannan ga sirrin da ke tsakanin lauya da wanda ya ke karewa, wanda in a ka yi sakaci da shi fim zai iya jefa mutum cikin masifa. A nan ne karatun ta ya yi mata rana, domin ta san inda doka ta ja layi, ta kuma san yaren da alƙalai ke ji.

Haka nan wajen tambaya. Lauyan kirki ya san cewa in ya yi tambaya ya yi shiru, shaida zai faɗi fiye da abin da ya yi niyya. Wannan haƙuri ya fito ƙarara a fim ɗin. Babu wani mai sharhi da ke bin hoto ya na gaya maka abin da za ka ji, babu dogon wa'azi. An dai ajiye maka hujja, kai ne alƙali.

An fara nuna fim ɗin a watan Janairu na 2013 a bikin finafinai na Sundance, wanda a lokacin a ke yi a garin Park City na Jihar Utah, inda editan sa Matthew Hamachek ya lashe kambun tace hoto a rukunin dokumentari na Amurka. HBO ta haska shi a watan Yuli na shekarar, wadda a cikin ta ne hukuncin Gideon ya cika shekara 50. Ya shiga takarar Emmy, ya kuma ci kyautar Ridenhour a 2014. Cibiyar Rapping ta sauya suna zuwa Gideon's Promise, shi kuma ya samu babbar kyautar nan ta Gidauniyar MacArthur a 2014. Ba laifi ga wadda wannan ne karon ta na farko a kujerar darakta!

BA ITA TA FARA BA

Tun kafin Dawn akwai lauyoyin da su ka bi wannan hanya. Frederick Wiseman malamin shari'a ne a Jami'ar Boston, wanda ya kan kai ɗaliban sa ziyara asibitin Bridgewater inda a ke tsare masu laifin da ke da taɓin hankali. Abin da ya gani ya sa ya shirya 'Titicut Follies' a 1967. Hukumomin Jihar Massachusetts su ka garzaya kotu, a ka hana nuna wa jama'a fim ɗin har zuwa 1991. Wiseman bai koma aji ba. Ya ci gaba da fim har a ka ba shi Oscar na girmamawa a 2016.

A ƙasar Meziko kuwa, wasu lauyoyi biyu, Roberto Hernández da Layda Negrete, sun ɗauki shari'ar wani matashi ɗan kasuwa, Antonio Zúñiga, wanda a ka ɗaure shekara 20 kan kisan kai. Su ka gano cewa lauyan da ya kare shi da farko takardar shaidar sa ta jabu ce, don haka a ka sake shari'ar, su kuma su ka kafa kyamara. Alƙalin ya sake ɗaure shi, amma hoton da su ka ɗauka ya taimaka a kotun ɗaukaka ƙara, a ka sake shi a 2008. Da fim ɗin, 'Presunto Culpable', ya shiga sinima a 2011, wata alƙaliya ta bada umarnin a dakatar da shi. Ai kamar an zuba wa wuta fetur: jama'a su ka yi ta tururuwa, har ya kafa tarihin dokumentarin da ya fi kowanne ciniki a ƙasar a lokacin.

BAYAN GIDEON

Dawn ba ta sake waiwayar ofishin lauyoyi ba. A 2014 ta fitar da 'Spies of Mississippi', kan hukumar leƙen asirin da jihar ta kafa don murƙushe masu fafutikar 'yancin baƙar fata. A 2018 ta yi wa Netflix 'Bobby Kennedy for President' mai kashi huɗu. A 2020 ta saki biyu: 'John Lewis: Good Trouble', kan shahararren ɗan gwagwarmayar nan kuma ɗan majalisa, wanda ya rasu mako biyu bayan fitowar fim ɗin, da 'The Way I See It', kan Pete Souza, mai ɗaukar hoton Shugaba Obama. A 2021 ta yi aiki da Oprah Winfrey da Yarima Harry a shirin 'The Me You Can't See' kan lafiyar ƙwaƙwalwa. Masoya waƙa kuma sun gan ta a 2024 da 'Luther: Never Too Much', tarihin mawaƙi Luther Vandross.

Sai dai mai hali ba ya fasa halin sa, kotu na nan a jinin ta. A 2023 ta yi 'Deadlocked', kan tarihin Kotun Ƙolin Amurka. A 2024 kuma ta koma gidan yari da 'The Sing Sing Chronicles', wanda a ka gina kan hotunan da ɗan jarida Dan Slepian ya shafe sama da shekara 20 ya na ɗauka. A tsakiyar labarin akwai Jon-Adrian Velazquez, wanda a ka ɗaure kan kisan wani tsohon ɗan sanda a unguwar Harlem ta birnin Niyok a 1998. Ya yi kusan shekara 24 a tsare kafin gwamna ya yi masa sassauci a 2021, kuma sai a watan Satumba na 2024 kotu ta wanke shi. Masu bin finafinan Amurka za su tuna fuskar sa a 'Sing Sing', inda ya fito tare da jarumi Colman Domingo.

TO INA 'YAN FIM ƊIN HAUSA?

Fim ba ya sauya doka shi kaɗai. Har yanzu lauyoyin talakawa a jihohin Amurka da dama na kukan yawan aiki da ƙarancin kuɗi. Abin da 'Gideon's Army' ya yi shi ne ya sa wa matsalar fuska da suna, ta yadda wanda ya kalla ba zai ƙara jin an ce "mai laifi" ya wuce ba tare da ya tambayi wa ya tsaya masa a kotu ba.

Wannan labari ba baƙo ba ne ga mai karatu a Nijeriya. Tun 1976 a ka kafa Hukumar Bada Agajin Shari'a don ta tsaya wa marasa hali, amma shekara da shekaru kimanin kashi biyu cikin uku na waɗanda ke gidajen yarin ƙasar jiran shari'a su ke yi, ba a yanke masu hukunci ba. Kowanne da labarin sa, da uwar da ke jiran sa a gida. Finafinan Hausa sun sha nuna kotu, amma galibi a fitowar ƙarshe ce, inda alƙali zai buga guduma mugu ya girbi abin da ya shuka, a rubuta "Alhamdulillah". Abin da ke faruwa kafin a kai ga gudumar, watannin jira da neman kuɗin beli da fayil ɗin da a ka ce ya ɓace, shi ne har yanzu ke jiran mai ɗauka.

Kayan aikin da Dawn Porter ta fara da su ba su fi ƙarfin furodusan Kano ko Kaduna ko Jos ba: kyamara, na'urar ɗaukar sauti mai kyau, izinin hukuma, da haƙurin bin labari guda har shekara uku. Na ƙarshen nan ne mai wuya a industirin da a ka saba gama fim cikin kwana goma. Lauyoyi matasa masu sha'awar fim kuma, ga misali nan a gaban ku.